Arthur Waley: Ta yaya wanda bai taɓa zuwa Sin ba ya fassara waƙoƙinta?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam, Allah ya ƙara sani. Ni ɗalibi ne mai nazarin fassara a jami'a. A wani darasi an ambaci wani Bature mai suna Arthur Waley, aka ce shi ya buɗe wa masu karatu da Turanci ƙofar waƙoƙin ƙasar Sin, amma wai har ya mutu bai taɓa taka ƙasar ba, kuma ko hira da Sinanci bai iya sosai ba. Shin haka ne? In haka ne, yaya za a yi a amince da fassararsa? Sannan ina da burin mayar da wasu daga cikin waƙoƙin zuwa Hausa daga Turancin da ya yi, ko hakan ya dace? Daga wani ɗalibi a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan uwa, na gode da wannan tambaya. Abin da aka gaya maka gaskiya ne. Waley ya yi shekara 76 a duniya, bai je Sin ba, bai je Japan ba, kuma Sinancin da ake magana da shi a titi bai zauna a bakinsa ba. Duk da haka ina ganin rashin zuwan nan ba shi ne abin da ya kamata ya dame ka ba. Inda aikinsa ya gaza yana wani wuri dabam, kuma zan nuna maka shi bayan mun san mutumin.

An haife shi ranar 19 ga Agusta, 1889, a garin Tunbridge Wells da ke kudancin Ingila, cikin wani gidan Yahudawa masu rufin asiri da ilimi. Sunansa na yanka Arthur David Schloss. Da yaƙin duniya na farko ya ɓarke a 1914, duk mai suna irin na Jamusawa ya shiga tsangwama a Ingila, sai ya koma amsa sunan dangin mahaifiyarsa, Waley. Ya yi makarantar Rugby, ya shiga kwalejin King's ta jami'ar Cambridge a 1907, inda ya karanci Girkanci da Latin, ya gama a 1910. Ciwon ido ya tare masa hanyar ci gaba a jami'a. Iyayensa suka so ya kama harkar kasuwanci, ya ɗan taɓa, zuciyarsa ba ta kwanta ba. A 1913 ya samu aiki a babban gidan tarihi na Birtaniya da ke Landan, a sashen zane-zanen ƙasashen gabas, ƙarƙashin wani mawallafin waƙa mai suna Laurence Binyon.

Aikin da aka ba shi shi ne ya jera zane-zanen Sin da Japan, ya rubuta bayanin kowane. To, zanen Sinawa ba ya zuwa shi kaɗai. A gefensa za ka ga sa hannun mai zanen, da jan hatimin waɗanda suka mallake shi, sau da yawa kuma da waƙa da aka rubuta da burushi a saman takardar. Wanda bai iya karanta waɗannan ba, ko sunan mai zanen ba zai iya faɗa ba. Sai Waley ya ɗauki ƙamus da littattafai ya koya wa kansa tsohon Sinanci da tsohon Japananci. Cikin shekara uku, a 1916, ya buga wani ɗan ƙaramin littafi na fassarar waƙoƙi da kuɗin aljihunsa ya raba wa abokai. A 1918 ya fitar da littafin da ya ɗaga sunansa, mai ɗauke da waƙoƙin Sin 170. Shekarar da ta biyo ya ƙara wani.

Yanzu ga abin da zai warware maka rabin tambayarka. Harshen da aka rubuta waɗannan waƙoƙi da shi ba wanda ake ciniki da shi a kasuwar Beijing ba ne. Harshe ne na takarda, wanda ya daɗe da rabuwa da maganar yau da kullum. Basine ma sai ya zauna gaban malami ya koye shi. Furucin haruffan ya sauya tun zamanin daular Tang, wadda ta yi mulki daga 618 zuwa 907, har ta kai wasu baitocin da suke da amsa-amo a wancan lokaci in an karanta su da furucin yau ba sa amsawa. Malaman Koriya da Japan da Biyetnam sun shekara aru-aru suna rubuta waƙa da wannan harshe, kuma in jakadunsu suka haɗu da Sinawa, da rubutu suke hira domin ba sa jin bakin juna. Kai da ka tashi a Zariya ka san irin wannan. Akwai malamin zaure da zai warware maka Ishiriniya da Muƙamatul Hariri baiti-baiti, ya fito maka da nahawu da balaga, alhali in aka sauke shi a tashar mota a Alƙahira sai ya yi da gaske kafin ya gane me direba yake cewa. Ba wanda zai ce malamin nan bai san Larabcin littafi ba. Haka Waley yake da Sinanci. Ƙasar da yake buƙatar shiga tana cikin littattafai, kuma ya shige ta ya zauna shekara hamsin. Bai kuma rasa Sinawa masu ilimi da yake tattaunawa da su ba, domin suna zuwa Landan. Ya san matashin mawaƙin nan Xu Zhimo lokacin da yake karatu a Ingila, kuma babban malami Hu Shih ne ya rubuta gabatarwar ɗaya daga cikin littattafansa da aka buga a Amurka.

Wahalar gaske tana cikin ginin waƙar kanta. Ɗauki irin waƙar da ta fi daraja a zamanin Tang. Ɗango takwas ne, kowane ɗango harafi biyar ko bakwai, kowane harafi gaɓa ɗaya ce kuma yawanci kalma ce cikakkiya. Amsa-amo guda ne daga farko zuwa ƙarshe, yana faɗowa a ɗango na biyu, na huɗu, na shida da na takwas. Baitoci biyu na tsakiya dole ɗangayensu su yi tagwaitaka, suna ya fuskanci suna, aikatau ya fuskanci aikatau, in an ambaci dutse a sama a ambaci kogi a ƙasa. A kan wannan kuma akwai tsarin hawa da saukar murya da aka ƙayyade wa kowane gurbi. Bahaushe zai fi Bature saurin gane wannan, tunda mu ma harshenmu karin sauti ne ke rarrabe ma'ana. Sannan harshen ba ya damuwa ya gaya maka wa ya yi aikin, ko jiya aka yi ko gobe za a yi, ko tsuntsu ɗaya ne ko garke. Waƙa mai ɗango huɗu, kowane da harafi biyar, kalma 20 ce kacal, sauran sai mai karatu ya cike da hankalinsa. Mai fassara zuwa Turanci dole ya yanke hukunci a kan duk waɗannan gurabe da mawaƙin ya bari a buɗe.

Kafin Waley, wanda ya fi suna a wannan fage shi ne Herbert Giles, farfesan Sinanci a Cambridge, wanda ya shafe sama da shekara 20 yana aikin jakadanci a Sin. Ga wanda ya je ƙasar ke nan, ya zauna, ya iya bakin mutanenta. Fassarar waƙoƙin da ya buga a 1898 ya yi ta da amsa-amon Turanci irin na zamanin Sarauniya Victoria, kuma domin amsa-amon ya fito, sai ya riƙa cusa kalmomin da babu su a asali yana zubar da waɗanda suke akwai. A ɗaya gefen kuma ga Ba'amurke Ezra Pound, wanda ya fitar da nasa ɗan littafin a 1915, mai daɗin Turanci ƙwarai, amma a lokacin bai iya karanta Sinanci ba, da rubuce-rubucen da wani malami Ernest Fenollosa ya mutu ya bari ya yi aiki. Waley ya haɗa abin da kowannensu ya rasa, yana karanta asali da idonsa, kuma yana da kunnen mawaƙi.

Hanyar da ya bi mai sauƙin faɗa ce. Ya ajiye amsa-amo gaba ɗaya, domin Turanci talaka ne a wannan fanni, kuma ya ga neman amsa-amo yana ja wa mai fassara yin ƙarya. A madadinsa sai ya sa wa kansa doka: kowane harafin Sinanci ya samu bugu ɗaya mai nauyi a ɗangon Turanci. In ɗangon asali harafi biyar ne, na Turanci zai zo da bugu biyar, ƙananan gaɓoɓi kuma su yawaita ko su ragu yadda magana ta kawo. Ya kuma hana kansa ƙara wani hoto ko ado da mawaƙin bai sa ba. Abin da ya fito sai ya yi kama da maganar mutum mai natsuwa, amma in ka karanta da ƙarfi za ka ji takun yana nan a ƙasa. Giles bai ji daɗi ba, suka yi ta musayar rubuce-rubuce masu zafi a wata mujalla wajen 1920, kowa yana zaƙulo kurakuran ɗan uwansa. Akwai wuraren da Giles ya fi shi gaskiya, amma masu karatu Waley suka bi, kuma mafi yawan masu fassarar da suka zo bayansa a kan turbarsa suka ɗora.

Bari in kai ka kusa da waƙa guda ka ga irin kayan da ya fi so. Mawaƙin da ya fi shiga ransa shi ne Bai Juyi, wanda ya rayu daga 772 zuwa 846. A littattafan Waley za ka ga an rubuta sunan Po Chü-i, domin tsohuwar hanyar rubuta sunayen Sinawa ya bi, haka kuma Li Bai ya zama Li Po, Du Fu ya zama Tu Fu, kada wannan ya ruɗe ka. Bai Juyi ma'aikacin gwamnati ne, ya ci babbar jarrabawar shiga aikin sarki a shekara ta 800, ya yi gwamnan Hangzhou da Suzhou, ya bar waƙoƙi sama da 2,800. Wajen 809 ya rubuta jerin waƙoƙi 50 na sukar zaluncin da yake gani, ɗaya daga ciki a kan wani tsoho mai sayar da gawayi. Tsohon yana saran itace yana ƙona gawayi a dutsen da ke kudu da babban birni. Fuskarsa duk toka, gashin gefen kansa ya yi furfura, yatsunsa goma sun yi baƙi ƙirin. Rigar jikinsa shara-shara ce, amma addu'arsa sanyi ya ƙara tsananta, domin in gari ya yi ɗumi gawayi zai faɗi. Da dare ƙanƙara ta zuba, da asuba ya ɗaura wa sansa amalanke ya nufi birni. Rana ta take, sa ya gaji, shi yunwa ta ci shi, ya zauna cikin taɓo a bakin ƙofar kasuwa. Sai ga mahaya biyu daga fada, da takarda a hannu, suna cewa umarnin sarki ne. Suka juya amalanken suka nufi fada da gawayin baki ɗaya, suka ɗaura 'yan ƙyallayen alharini a kan san, wai kuɗin gawayin ke nan. A nan waƙar ta tsaya. Mawaƙin bai ƙara ko kalma ta tsinuwa ba.

Duk lokacin da na karanta wurin nan da tsohon yake roƙon sanyi alhali yana rawar ɗari, sai jikina ya mutu. Irin wannan waƙa tana tsallaka harshe ba tare da ta yi asara mai yawa ba, domin ƙarfinta yana cikin abin da ido ya gani da yadda aka jera shi. Ana ba da labarin cewa Bai Juyi yakan karanta wa wata tsohuwa waƙoƙinsa, duk inda ba ta gane ba sai ya sake. Ko da labarin ƙawa ce aka yi wa tarihinsa, ya dace da salonsa. Yana waƙa a kan furfurarsa da zubewar haƙoransa, da kewar amininsa Yuan Zhen, da rasuwar 'yarsa ƙarama, da korar da aka yi masa daga fada a 815. Waley ya same shi kamar aboki, har ya rubuta littafi sukutum a kan rayuwarsa a 1949, yana saƙa tarihin da waƙoƙin.

To, ga inda na ce zan nuna maka. Waley da kansa ya faɗa, a gabatarwar tarin waƙoƙin da ya buga a 1946, cewa ya fassara Bai Juyi ninki goma fiye da kowane mawaƙi, ba don ya fi sauran ninki goma ba, sai don shi ne ya fi karɓar fassara. Wannan magana ce ta mai gaskiya, amma ka duba abin da ta haifar. Su Sinawa, in ka tambaye su sarkin mawaƙansu, yawanci Du Fu za su ce maka, wanda ya rayu daga 712 zuwa 770, sai Li Bai a gefensa. Du Fu kuwa gwanintarsa tana cikin abubuwan da ba sa tsallakawa, wato matsattsen gini, da tagwaitakar ɗangaye, da ishara zuwa tsofaffin littattafai wadda kalma biyu kan ɗauko tarihi guda. Waley kusan bai taɓa shi ba. Li Bai kuma ya rubuta littafi a kansa a 1950, amma bai ɓoye cewa halin mutumin bai kwanta masa ba, ya ɗauke shi mai cika baki da shashanci. Sakamakon haka, Turawa suka shafe shekaru suna zaton waƙar Sin duk haka take, sassauƙa, mai sanyin murya, dattijo yana shan giya da abokinsa yana kallon wata. Tarin waƙoƙin Tang da aka haɗa a farkon ƙarni na 18 ya ƙunshi kusan waƙa 49,000 na mawaƙa sama da 2,200, kuma a ciki akwai masu duhu, masu zafi, masu wuyar sha'ani. Sai daga baya wasu suka cike giɓin: A. C. Graham ya fito da mawaƙan ƙarshen Tang a 1965, Stephen Owen kuma ya fassara Du Fu gaba ɗaya, waƙa wajen 1,400, cikin mujalladi shida. Saboda haka, in ka karanta Waley, ka amince da abin da ya ba ka, amma ka sani zaɓinsa ne kake gani. Ko da ya yi shekara goma a Beijing, wannan ɗanɗanon nasa ba zai sauya ba.

Haka yake yi a zube ma. A 1929 ya ajiye aikin gidan tarihi domin ya ba rubutu dukan lokacinsa. Tsakanin 1925 da 1933 ya fitar da labarin Genji na Japan cikin mujalladi shida, littafin da wata mace mai hidima a fada, Murasaki Shikibu, ta rubuta a farkon ƙarni na 11, kuma cikin babi 54 ya tsallake guda, na 38. A 1942 ya fassara shahararren labarin Sinawa na Biri da tafiyar wani malamin addinin Buddha zuwa Indiya, ya ɗauki babi 30 cikin 100, ya zubar da mafi yawan waƙoƙin da ke ciki. Tsakanin waɗannan ya fassara littafin tsohon masanin falsafar Sin Laozi a 1934, da tsohon kundin waƙoƙin Sin mai waƙa 305 a 1937, da maganganun babban malamin Sinawa na dā Confucius a 1938. Lokacin yaƙin duniya na biyu ya yi wa gwamnatin Birtaniya aikin tace saƙonnin da aka rubuta da Japananci. A 1953 aka ba shi lambar zinare ta Sarauniya ta waƙa, abin da ke nuna maka cewa Ingilishi sun ɗauke shi mawaƙinsu ne, ba mai fassara kawai ba.

Bayanin da ya fi yawo game da ƙin zuwansa Sin shi ne wai yana tsoron kada ƙasar ta zamani ta rushe masa wadda ya gina a zuciyarsa. Ni ban cika son yadda ake amfani da wannan magana ana mayar da shi mai mafarki ba, saboda littafin da ya buga a 1958. A ciki ya ba da labarin yaƙin da Birtaniya ta yi da Sin daga 1839 zuwa 1842 a kan cinikin ƙwayar ofiyom mai sa maye, amma ta bakin Sinawa. Ya dogara da littafin tunin Lin Zexu, jami'in da sarki ya tura ya ƙwace akwati wajen 20,000 na ƙwayar daga hannun 'yan kasuwar Turawa ya lalata. Bature ɗan Ingila ya zauna ya sa 'yan ƙasarsa su ji yadda waɗanda aka yi wa luguden igwa suka ga abin. Mai gudun gaskiyar ƙasa ba ya rubuta irin wannan littafi. Ya rasu a Landan ranar 27 ga Yuni, 1966, bayan hatsarin mota da ciwon daji a ƙashin baya, wata guda bayan ya auri Alison Grant Robinson. Abokiyar zamansa ta shekaru masu yawa, Beryl de Zoete, ta riga shi rasuwa a 1962.

Game da burinka na mayar da waƙoƙin zuwa Hausa, ina ƙarfafa maka gwiwa, amma kada ka tsaya a kan Waley shi kaɗai. Duk inda Sinanci ya bar gurbi a buɗe, shi ya riga ya cike da nasa hukuncin, in ka bi shi ido rufe to hukuncinsa za ka fassara. Littattafansa na 1918 da 1919 suna nan kyauta a intanet, fara da su. Sannan ka ajiye wata fassarar a gefe, misali ta Burton Watson wanda shi ma ya yi aiki a kan Bai Juyi, duk inda suka saɓa ka san akwai abin bincike a wurin. David Hawkes yana da wani littafi na 1967 da ya ɗauki waƙoƙin Du Fu 35 ya warware su harafi-harafi, da ma'anar kowace kalma da bayanin ginin, wannan zai nuna maka ƙashin waƙar kafin a sa mata tufa. In kuma ka samu Basine mai ilimin adabi ku zauna tare, ya fi. Akwai Sinawa da suka iya Hausa sosai, tunda gidan rediyon ƙasarsu yana da sashen Hausa tun 1963.

Abu guda kuma kada ka gada daga Waley ba tare da tunani ba, wato zubar da amsa-amo. Dalilinsa na Turanci ne. Hausa kusan kowace kalmarta da wasali take ƙarewa, amsa-amo bai yi mana tsada ba, kuma kunnen Bahaushe yana jiransa a rubutacciyar waƙa. Ka lura ma da wani dace: waƙar Tang mai ɗango takwas da amsa-amo guda a kowane ɗango na biyu, daidai take da baiti huɗu na 'yar ƙwar biyu mai babban amsa-amo. Inda za ka sha wuya shi ne tsawo, domin kalmominmu sun fi nasu gaɓoɓi, kalma biyar tasu za ta iya cin gaɓa 12 ko 14 a wurinmu. Ka fara gwaji da waƙar mai gawayi. Ita ba ta cikin masu tsauraran dokoki, amsa-amonta ma yana sauyawa a tsakiya, don haka kana da sarari, kuma duk abin da ke cikinta, daga amalanke har sa har dogaran fada, Hausa tana da sunansa.